Ƙwayar Hatsi Cikin Rami: Kwanakin Da Ke Yanke Hukuncin Shekara

 

Kowace shekara, idan watan Mayu ya ƙare Yuni ya kama, magana ɗaya ce a bakin mutanen gundumar Dakoro, daga Kornaka zuwa Birnin Lalle, daga Sabon Mashi zuwa Ajekoriya: shin an yi ruwan shibka? Ɗan kasuwar da ke zaune a shagonsa cikin Maraɗi da ma'aikacin gwamnati da ke ofis a Yamai su ma tambayar da suke yi ke nan, domin kusan kowannenmu yana da gona a ƙauye, ko kuwa yana da uwa da uba da ke jiran abin da gonar za ta bayar. Wanda ma ba ya da gona yana da tukunya, kuma kuɗin da zai sayi tiyar hatsi a watan Agusta na baɗi ana fara yanke shi ne tun cikin ramin sungumi na bana. Saboda haka a wannan mako muka ga ya dace mu leƙa cikin ramin nan, mu ga abin da ke faruwa tsakanin ranar da aka binne ƙwaya da ranar da ta leƙo duniya.

Abin da ke cikin ƙwaya

Ƙwayar hatsi abu ce mai rai, barci kawai take yi. Idan aka tsaga ta aka duba da madubin ƙara girma za a iske kashi uku. Akwai ɓawo da ke kare ta. Akwai ɗan tayi, wanda ya riga ya mallaki farkon saiwa da farkon ganye, a naɗe. Sannan akwai gari, wato guzurin da uwar ta tanadar wa ɗan tayin. Wannan garin ne mu muke daka mu yi fura da tuwo, amma asali ba don mu aka ajiye shi ba. A wake da gujiya guzurin yana cikin ɓari biyun nan da ke rabuwa idan an murje ƙwaya, ɗan tayin kuwa shi ne ɗan tsinin da ke maƙale tsakaninsu.

Guzurin hatsi kaɗan ne ƙwarai. Ƙwaya 1000 ba su cika wuce gram 10 ba, ke nan kilo guda yana ɗauke da wajen ƙwaya dubu 100, tiya guda kuwa, mai kilo 2 da rabi, wajen dubu 250. Da wannan ɗan abu ne ɗan tayin zai yi tafiyarsa ta farko, ba taimakon kowa, har ya kai ga hasken rana. Mutanen yankinmu sun daɗe da sanin wannan ƙwaya, don masu tonon tarihi sun samu tsohuwar shaidar noman hatsi a kwarin Tilemsi, cikin ƙasar Mali, tun wajen shekara 4500 da suka wuce.

Ruwa, iska da zafi

Abu uku ne ke tada ƙwaya daga barci: ruwa, iska da zafi daidai gwargwado. Haske ba ya cikinsu ga hatsi da wake, kuma taki ma ba ya ciki. Ƙwaya tana iya tsira cikin tsumma mai laima, ba ƙasa ba taki.

Ruwa ne kan gaba. Busasshiyar ƙwaya tana zuƙar laima cikin sa'o'i kaɗan, ta kumbura, ɓawonta ya yi taushi. Duk macen da ta taɓa jiƙa wake don ƙosai ta ga yadda yake kusan ninka nauyinsa. Da ruwan ya ratsa, sai ɗan tayin ya aika da wani sinadari cikin garin, ya sa a narkar da shi ya koma sukari, wanda shi ne abincin da zai iya sha. Abin da ya sa tsiron hatsi ko na dawa yake da zaƙi ke nan, kuma shi ya sa masu kunun zaƙi ke amfani da shi. Ma'aikatan kiwon lafiya ma sukan ba da shawarar a zuba ɗan garin tsiro cikin kunun yaye, don yana tsinka kunu mai kauri yadda yaro zai sha da yawa ba tare da an ƙara ruwa ba.

Na biyu iska. Ƙwayar da ta farka numfashi take yi kamar kowane mai rai, tana shaƙar oksijan don ƙona sukarin nan. Idan ruwa ya kwanta a fadama ya cika duk ƙofofin ƙasa, iri yakan shaƙe ya ruɓe. A jigawa wannan ba matsala ba ce, rairayi yana barin iska ta shiga.

Na uku zafi. Hatsi ɗan ƙasar zafi ne, ya fi saurin tsira tsakanin digiri 30 da 35. Amma idan zafi ya haura digiri 45 abin yakan gagare shi, alhali kuwa a ƙasarmu saman rairayi yana wuce digiri 50 da tsakar rana a watan Mayu da Yuni.

Idan ukun nan sun haɗu, saiwa ce ke fara fitowa, sau da yawa cikin kwana guda. Ko ta wace fuska ƙwayar ta faɗa cikin rami, saiwar tana juyawa ƙasa, tsiron kuma ya nufi sama. A nan akwai wata iyaka da ya kamata kowane mai gona ya sani. Kafin saiwa ta fasa ɓawo, ƙwaya tana iya sake bushewa ta koma barci, ta jira wani ruwa. Da zarar saiwa ta fito kuwa, ba komawa baya: ko dai laima ta ɗore, ko kuma tsiron ya mutu.

Hatsi da wake ba hanya ɗaya suke bi wajen fitowa ba. Hatsi yana barin ƙwayarsa a ƙasa, ya turo wani siririn kube mai tsini kamar allura, ganyen farko yana ɓoye a ciki. Da kuben ya ga haske sai ya tsage, ganye ya buɗe. Cikin kwana 3 zuwa 5 akan ga gona ta yi kore-kore. Wake kuwa yana lanƙwasa wuyansa kamar ƙugiya, ya fasa ƙasa da doron, sannan ya jawo ɓarinsa biyu sama. Daga ranar da ganye ya buɗe ne shuka take fara dafa abincinta da hasken rana. Kafin wannan rana duk da guzuri take tafiya, shi ya sa zurfin rami yake da muhimmanci. Santimita 3 zuwa 5 ya ishi hatsi. Idan ya yi zurfi da yawa guzuri zai ƙare a hanya, idan kuma ya yi sama-sama rana ta gasa shi, ko zabi da kurciya su tsince.

Halin ƙasar Dakoro

Dakoro tana wajen kilomita 120 arewa da Maraɗi, a bakin iyakar noma. Dokar ranar 26 ga Mayu 1961 ta shata iyakar da noma ba zai wuce ba ta arewa, a wannan yanki kuma kwarin Tarka ne alamar iyakar, ko da yake yawan jama'a ya daɗe da tura gonaki suka ƙetare shi. Ruwan da ake samu a shekara yakan tsaya tsakanin milimita 300 da 400, damanar kuma gajera ce, ba ta cika wuce wata uku ba. A irin wannan wuri kowane kwana yana da daraja, don haka ne manoma da yawa suke yin binne, wato su shibka cikin busasshiyar ƙasa tun kafin ruwa, yadda iri zai ci moriyar ruwan farko, su kuma su samu sararin shibka sauran gonaki idan ruwan ya sauka.

Binne dabara ce mai hujja, amma caca ce. Idan ruwan farko mai yawa ne, mai binne ya riga kowa. Idan kuwa yayyafi ne na milimita 5 ko 6, zai jiƙa iri har saiwa ta fito, sannan rana ta shanye laimar cikin kwana biyu, tsiro ya mutu a ƙasa ba wanda ya gan shi. Banda wannan, irin da ya daɗe a rami abincin tururuwa ne da ɓeraye. Haka ake wayar gari a sake shibka sau biyu ko sau uku, kowane sau da sabon iri, kowane sau kuma damana ta ƙara gajarta.

A shekarar 1988 wani masanin yanayi na cibiyar ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai, mai suna Sivakumar, ya fitar da ƙa'idar gane kamawar damana. Ya ce a ɗauka damana ta kama idan bayan 1 ga Mayu aka samu ruwa milimita 20 cikin kwana 3 a jere, kuma ba a yi fashin da ya wuce kwana 7 ba cikin kwana 30 da suka biyo. Rabin farko na ƙa'idar ya yi daidai da abin da tsofaffi ke yi idan suka tona ƙasa da hannu su ga ko laima ta kai taƙi, domin a jigawa milimita 20 kusan zurfin da yake jiƙawa ke nan. Rabi na biyu kuwa, wato fashin ruwa, hannu ba ya iya auna shi. Nan ne hasashen ma'aikatar yanayi ta ƙasa da na cibiyar AGRHYMET, wadda aka kafa a Yamai a 1974, yake da amfani, in har labarin ya isa kunnen manomi cikin harshensa kuma kan lokaci.

Tsiron da ya fito ma bai tsira ba tukuna. Iskar da ke zuwa gaban hadari daga gabas tana kwaso rairayi ta yi ta dukan ganye har ya ƙone, ko ta binne tsiron baki ɗaya. Gwaje-gwajen da aka yi a Sadore cikin shekarun 1990 sun nuna cewa barin kara a shimfiɗe, wajen ton 2 a hekta, yana rage wannan ɓarna sosai. Sai dai kowa ya san kara a Dakoro kuɗi ne, abincin dabba ne, darni ne, makamashi ne. Wanda ya kwashe karan gonarsa kaf ya sayar da rani, ya san cewa ya sayar har da garkuwar tsironsa. A geza kuma wata matsalar ce: ruwa mai ƙarfi yana daddaɓe fuskar ƙasa, rana ta busar da ita ta yi ɓawo, tsiro ya kasa fasawa.

Irin da ba ya gaggawa

Ba kowace ƙwaya ke tashi da ruwan farko ba. Ɗiyan gawo da na bagaruwa ɓawonsu tauri gare shi, ruwa ba ya ratsa shi, suna iya yin shekaru a ƙasa. Amma idan akuya ko saniya ta ci kwanson, ƙwayar ta bi ta cikinta, ɓawon yakan yi rauni, ta fito tare da takinta. Makiyayin da ke ratsa gona da rani yana dasa itace bai sani ba. Ma'aikatan gandun daji suna kwaikwayon wannan a wuraren renon itatuwa, su zuba wa iri ruwan zafi su bar shi ya kwana, ko su ɗan kankare gefen ɓawon. Ciyawar daji irin su ƙarangiya ma ba ta tsira gaba ɗaya, wani kashi yakan jira baɗi. Wannan jinkiri ne ke sa daji ya sake yin kore bayan fari.

Mugun misali shi ne ƙuduji. Ƙwayarsa kamar ƙura take, gindi guda yana zubar da dubun dubata, kuma tana iya jira fiye da shekara 10. Ruwa kaɗai ba ya tada ta, sai ta ji wani sinadari da saiwar hatsi ko dawa ke fitarwa, sannan ta tsira ta maƙale wa saiwar ta yi ta tsotsa tun kafin a ga furenta. In ta tsira ba ta samu saiwar da za ta kama ba, cikin kwanaki kaɗan take mutuwa. Shi ya sa juya shuka da gujiya yake rage ta, haka kuma cire ƙuduji kafin ya yi ɗiya ya fi cire shi bayan ya zubar.

Iri yana tsufa

Tunda ƙwaya mai rai ce, tana kuma mutuwa. Laima da zafi ne ke gaggauta ajalinta. Masana harkar iri suna da wani lissafi: duk rage laimar ƙwaya da kashi 1 cikin 100, ko rage zafin ma'ajiya da digiri 5, yana kusan ninka tsawon rayuwarta. Da wannan hikima aka gina babban rumbun iri na duniya a tsibirin Svalbard na ƙasar Norway, wanda aka buɗe a 2008, inda ake ajiya cikin sanyin digiri 18 ƙasa da sifiri. A 2005 ma an samu ƙwallon dabino mai wajen shekara 2000, wanda aka tono a busasshen dutsen Masada kusa da Tekun Gishiri, ya tsira. Mu a nan busasshiyar iska tana taimakonmu, kuma hatsin da aka bari a zangarniyarsa cikin rumbu yana daɗewa. Amma buhun da ya yi wata da watanni cikin shagon kwano, ko aka jibge bisa siminti mai laima, ransa yana tafiya ko da idonsa bai canza ba. Gujiya ta fi saurin lalacewa idan an ɓare ta, don haka a bar ta cikin kwansonta sai dab da shibka. Wake kuwa ƙwari ne abokan gabansa, kuma buhun nan mai ruɓi uku da ake kira PICS, wanda ya fara yaɗuwa a ƙasarmu daga 2007, yana kashe su ta hanyar hana su iska, ba tare da magani ba.

Hausawa sun ce sai an gwada akan san na ƙwarai, kuma gwajin iri ba ya cin ko dala. A ɗebo daga sama da tsakiya da ƙasan buhu, a ƙirga ƙwaya 100 ba tare da zaɓe ba, a jera su cikin tsumma mai laima, a naɗe, a ajiye a inuwa, a riƙa yayyafa ruwa. Bayan kwana 7 a ƙirga waɗanda suka fitar da saiwa da tsiro lafiyayye. In sun kai 80, iri ne. In sun tsaya wajen 60, sai a ƙara yawan abin da ake zubawa a rami. In ba su kai rabi ba, a kai shi turmi. Watan Afrilu ne lokacin wannan gwaji, tun ana da damar neman wani.

Ga ƴan kasuwa da ma'aikata

A shekara mai kyau manomin Dakoro ba ya sayen iri, yana zaɓen manyan zangarniyoyi tun a gona ya ajiye. Amma bayan shekarar wahala, kamar 1984 da mutanen Maraɗi ke kira El Buhari, ko 2005 da ta biyo bayan fari da farar ɗango na 2004, gidaje da yawa sun cinye har irinsu. A irin wannan lokaci kasuwa ce ke zama rumbun talaka, ɗan kasuwa kuma ya zama mai riƙe da amanar damana.

Hatsin ci da hatsin iri kamarsu ɗaya a tiya, amma ba ɗaya suke ba. Buhun da aka kawo daga kudu, inda damana ke yin wata huɗu ko biyar, yana iya tsira da kyau a Dakoro, ya yi kara mai ban sha'awa, sannan ruwa ya ɗauke bai fitar da kai ba. Maiwa ma ba ta yin kai sai kwanaki sun fara gajarta, lokacin da damanar arewa ta riga ta tafi. Wanda ya sayar wa manomi irin wannan da sunan iri, ribar da ya ci ba ta wuce ƴan daloli ba, amma ya jawo wa gida guda asarar shekara, kuma gidan nan ne gobe zai kasa biyan bashin da ya ci a shagonsa. Abin da ake nema ga ɗan kasuwa kaɗan ne: ya faɗi inda hatsin ya fito da shekarar da aka girbe shi, ya ware iri daga abinci. Irin da aka shafa wa magani, wanda akan yi wa jan launi, guba ne, kada ya koma tiyar masu ci ko ta halin ƙaƙa.

Akwai iri mai saurin nuna da aka tace domin irin ƙasarmu. Cibiyar binciken noma ta ƙasa, INRAN, wadda aka kafa a 1975 kuma take da tasha a Tarna kusa da Maraɗi, ta yaɗa hatsin HKP mai nuna cikin kwana 80 zuwa 90. A 2018 an fitar da Chakti, mai nuna cikin wajen kwana 65, wanda kuma yake da yawan sinadarin ƙarfe mai ƙara jini. Sai dai hatsi yana barbara da na gonar maƙwabci ta hanyar iska, don haka ingantaccen iri yakan gauraye, ana son a sabunta shi bayan kamar shekara 3.

Ma'aikacin da ke aika kuɗin iri gida ya aika tun Afrilu, kafin kuɗin hatsi ya hau, kuma a samu lokacin gwaji. Waɗanda kuma aka ɗora wa alhakin rabon irin agaji, na gwamnati ne ko na ƙungiyoyi, su tuna cewa takarda tana iya kwana bisa tebur amma laimar jigawa ba ta jira. Irin da ya iso ƙauye a ƙarshen Yuli ya zama abinci.

Ƙananan dabaru

Akwai abubuwa uku masu sauƙi da gwaji ya tabbatar da amfaninsu. Na farko jiƙa hatsi sa'a 8, a tsane shi a inuwa, a shibka a ranar. Yana sa ya riga fitowa, amma sai cikin ƙasa mai laima, kada a yi binne da shi. Na biyu ɗan takin zamani a kowane rami, gram 2 na DAP ko gram 6 na NPK 15-15-15, a gefe, yadda ba zai taɓa iri ya ƙone shi ba. Jigawarmu tana da ƙarancin fosfor, shi ne kuwa saiwa ke nema da farko. Na uku dunƙulen iri, wanda ƙungiyar manoma ta FUMA Gaskiya ta jihar Maraɗi ta gwada tare da INRAN da jami'ar Hohenheim ta ƙasar Jamus tun tsakiyar shekarun 2010: a cuɗa rairayi da laka da toka ko ɗan taki da ƙwayoyin hatsi, a mulmula kamar girman santimita 2, a shanya. Yayyafi ba ya saurin ratsa dunƙulen, tururuwa da tsuntsu ba su samun ƙwayar, don haka ya dace da mai binne. Bayan duk wannan, kada a manta da cira. Tsiro 20 cikin rami guda faɗa suke yi kan ruwa ɗaya, don haka mako biyu zuwa uku bayan fitowa a rage su a bar 3 mafiya ƙarfi.

Ruwa na Allah ne, ba mai iya saukar da shi ko hana shi. Amma zaɓen iri, ajiyarsa, gwajinsa, zurfin rami da gaskiya a bakin tiya, waɗannan duk a hannunmu suke. Juma'ar da za ta yi kyau tun daga Laraba ake gane ta.

Allah ya ba mu damana mai albarka, ya kare shibkarmu daga fari da fara. Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.